Sakaci da jariri ya wuce batun abinci

In ana maganar sakaci da jariri, wasu a kan yunwa kawai suke tsayawa. Akwai yaron da cikinsa ke cike amma ba mai kula shi, kuma illar tana bin sa har girma.

A duba Romaniya. Bayan faɗuwar shugaban ƙasar, Ceaușescu, a 1989 an tarar da dubban yara a gidajen marayu, ana ba su abinci, amma ma'aikaciya ɗaya ce da jarirai birjik, ba mai ɗauka, ba mai goyo. Wasu har kukan ma sun daina, tunda ba ya kawo kowa. Binciken da aka yi a Bukares, babban birnin ƙasar, ya nuna waɗanda aka ba iyalai riƙonsu kafin shekara 2 sun fi waɗanda aka makara ci gaba a magana da fahimta.

Ƙwaƙwalwar jariri da mu'amala take ginuwa: ya yi gwaranci, uwa ta amsa masa. In babu wannan, sinadarin kotisol na damuwa yakan rikice.

Wata 6 ba murmushi, wata 12 ba gwaranci, wata 18 bai taka ba, a kai shi asibiti. Kada a ce “bari kawai, zai yi.”