Bayan wata ba duhu ba ne

Na ji daɗin labarin da kuka wallafa kan kumbon China, Chang'e 6, da ya ɗebo ƙasa kusan kilo biyu daga bayan wata, wato gefen da ba ma gani daga duniya, a watan Yunin 2024. Amma don Allah ku gyara kanun da kuka ce "ɓangaren duhu". Hasken rana yana kaiwa can kamar yadda yake kaiwa gefen da muke gani. Abin da ya sa ba ma ganinsa shi ne, wata yana juyawa a kan kansa sau ɗaya cikin kwana 27 da ɗoriya, daidai da lokacin da yake ɗauka ya kewaya duniya. Shi ya sa fuska guda kaɗai yake nuna mana. Kai, ranar da muke fita duban jinjirin watan azumi ma, a lokacin kusan duk bayan nasa rana ce tsaka!

Ɗan Adam bai ga hoton wurin ba sai 1959, da kumbon Tarayyar Sobiyet Luna 3 ya ɗauko shi. Sauka kuwa sai Janairun 2019, da Chang'e 4, shi ma sai da aka girke tauraron ɗan Adam mai isar da saƙo, domin jikin watan yana tare siginar rediyo.

A ganina, kundin waƙoƙin ƙungiyar mawaƙan Ingila Pink Floyd, The Dark Side of the Moon (wato ɓangaren duhu na wata) na 1973, ya ƙara ɗaure wa wannan kuskure gindi. Su kuma mawaƙan, duhun zuciya suke nufi: taɓin hankali, kwaɗayin kuɗi, tsoron mutuwa.