Na'urar ta iya aiki, amma ba ta kori kowa ba

Malam marubuci, sannu da ƙoƙari. Sai dai inda ka ce kwamfuta ta kusa raba ma'aikatan ɗakin gwaje-gwaje da abincinsu, nan kam ban yarda ba.

Wani mutum-mutumi mai aiki da kansa (robot) na Jami'ar Liverpool a Ingila, wanda aka fitar da rahotonsa a 2020, gwaji 688 ya yi cikin kwana 8, caji kaɗai ke tsayar da shi. Shi ke auna garin sinadari, ya zuba ruwan sinadari, ya kai kwalba injin awo, kwamfuta ta duba sakamako ta zaɓi gwaji na gaba. Abin a yaba ne. Amma fa su Farfesa Andrew Cooper, masanan jami'ar, ne suka tsara tambayar, suka zaɓo sinadaran.

Mu ma ai muna da ƙaramin misali a asibitocinmu: injin GeneXpert na gwajin tarin fuka. A haɗa kaki da ruwan magani, a ɗura a ɗan mazubi, a rufe, cikin kamar awa 2 sakamako ya fito, har da ko ƙwayar cutar ta bijire wa rifampicin, maganin tarin fuka. Da can sai ma'aikaci ya ƙura wa madubin duba ƙwayoyin cuta ido har ya ji jiri. To amma a ɗauke wuta ana tsakar aiki, gwajin ya tashi a banza. Ɗaki ya ɗau zafin Afrilu babu na'urar sanyaya wuri, injin ya soma gardama, ga ƙurar hunturu. In kuwa aka liƙa sunan wani a kwalbar wani, injin ba ruwansa, haka zai buga.

Ni dai da za a ji ta tawa, a fara da sola da horar da masu gyara.