An daina killace kutare, amma ƙyamar ba ta tashi ba

A shekarun 1930, lokacin da ba a da maganin kuturta mai inganci, aka kafa sansanonin killace masu cutar a Arewa: Yadakunya a Kano, Babbar Ruga a Katsina da Amanawa a Sakkwato, waɗanda 'yan mishan na ƙungiyar Kirista ta SIM (Sudan Interior Mission) suka riƙe tare da hukumomin gargajiya. Mutum yakan bar gidansa da gonarsa ya koma can, a ba shi ɗaki da fili, wani ya yi aure ya haihu, har mutuwa ta riske shi bai sake taka garinsu ba. Ba za a musa cewa wuraren sun ba da abinci da kulawa ga waɗanda danginsu suka guje su ba, amma sun kuma tabbatar wa jama'a cewa kuturu mutum ne da ake nesanta da shi.

Dalilin killacewar ya daɗe da gushewa. Tun 1873 likitan ƙasar Norwe, Gerhard Hansen, ya gano ƙwayar cutar, wato ba gado ba ce, ba kuma cin kifi da nono ke kawo ta ba. A 1981 Hukumar Lafiya ta Duniya ta amince da haɗin magunguna da a yanzu ke warkar da ita cikin wata 6 zuwa 12, ana kuma bayar da shi kyauta tun 1995. Wanda ya fara shan maganin ya daina yaɗa ta, kuma jikin mafi yawan mutane ba ya ma kamuwa.

Abin da ya fi damuna shi ne yadda ƙyamar kanta ke haifar da nakasar da muke gudu. Cutar takan fara da ɗan tabo mai haske a fata, wanda idan ma'aikacin lafiya ya shafa masa auduga mai shi ba ya ji. Budurwar da ta ga wannan a bayanta takan rufe shi da mayafi, don ta san da zarar labari ya fita maneminta zai janye. Tana ɓoyewa jijiyoyi na mutuwa, har ranar da za ta sauke tukunya daga murhu hannunta ya ƙone ba ta sani ba. Daga irin wannan rauni ne yatsu ke lalacewa.

Jikokin waɗanda aka killace, da ba su taɓa kamuwa ba, har yanzu sukan yi jinkirin faɗin sunan unguwarsu idan maganar aure ta taso.