Ɗan Jojiya ne, kuma mai ɗaukar hoto ne tun asali

Wani labari da na karanta ya kira Mikhail Kalatozov "daraktan Rasha", sannan ya ɗora duk yabon kyamarar fim ɗinsa Soy Cuba na 1964 a kan mai ɗaukar hoton fim ɗin, Sergei Urusevsky, shi kaɗai. Haba! A Tibilisi, babban birnin Jojiya, aka haifi Kalatozov a 1903, sunan gidansu ma Kalatozishvili, kuma da riƙon kyamara yake cin abinci kafin ya zama darakta. Duk mai shakka ya nemi fim ɗinsa na 1930 kan ƙarancin gishiri a tsaunukan Svaneti na Jojiya, wanda babu magana a cikinsa. Kyamara tana ƙasa tana ɗaga kai ga hasumiyoyin dutse na ƙauyen Ushguli, ko ta karkace, ko ta manne a fuskar mutum, har dabba kake gani tana lasar gumin jikin ɗan Adam saboda kwaɗayin gishiri. Shekara 27 ke nan kafin fim ɗinsu da Urusevsky na 1957 da ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na Cannes a 1958. Ba na rage wa Urusevsky komai, gwani ne. Wurin jana'izar nan ta cikin Soy Cuba a Habana, babban birnin Cuba, inda kyamara ke hawa jikin bene, ta ratsa masu naɗa sigari, ta fice ta taga tana shawagi bisa masu ɗauke da gawa ba tare da an yanke ba, sau uku na maimaita shi a waya. Amma kai malam mai cewa wai darakta umarni kawai yake bayarwa, ka taɓa kallon na Svaneti ɗin kuwa?