Ɗaki Biyu a Hajettepe: Nasiha ga Ƙannenmu Sababbin Likitoci

Ƙannena sababbin likitoci, da ku da kuke kan hanya, assalamu alaikum.

Kwanakin baya wani ƙanenmu da ya dawo daga karatun likita a waje ya zo gaishe ni. An tura shi wani asibitin karkara, ko wata biyu bai yi ba ya fara neman wanda zai tsaya masa a mayar da shi birni. Kuma ba ƙarya yake yi ba: wuta sai an ga dama, ɗakin gwaji sunan kawai, ma'aikaciyar jinya ɗaya ce ke kwana da ɗakin yara gaba ɗaya. Ya ce mini, "Yaya, ilimina ruɓewa zai yi a wurin nan." Ban yi masa gardama ba. Labarin wani likitan Turkiyya na ba shi, shi ne nake so ku ma ku ji.

Sunansa Ihsan Doramaji, Turkawa na rubuta shi Doğramacı. An haife shi a 1915 a Irbil, garin da yau yake cikin Iraƙi. Ɗan babban gida ne, irin wanda ko bai ɗaga tsinke ba zai ci ya ƙoshi. Ya gama karatun likita a Santambul a 1938, sannan ya tafi Ankara ya koyi aikin likitan yara a hannun Albert Eckstein.

Wannan malamin nasa ya cancanci a tsaya a kansa. Bajamushe ne Bayahude da gwamnatin Hitila ta raba da aikinsa, ya yi hijira zuwa Turkiyya a 1935. Ga shi babban farfesa, amma ya riƙa bin ƙauyukan Anatoliya, wato ɓangaren Turkiyya da ke nahiyar Asiya, ɗaya bayan ɗaya, yana duba yara, yana tambayar iyaye mata haihuwa nawa suka yi, nawa suka rayu. Ya yi aiki sosai a kan cutar nan mai cin kumatu da leɓen yaran da yunwa ta kassara, wadda likitoci ke kira noma. Mu ba baƙuwa ba ce a wurinmu, har yau akwai asibitin yara na musamman dominta a Sakkwato. To a hannun irin wannan mutum Doramaji ya tashi, kuma barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe.

Bayan wasu shekaru Doramaji ya wuce Amurka, ya ƙaro ilimi a Harvard da Jami'ar Washington ta Sant Luwis. A 1946, yana ɗan shekara 31, yana cikin waɗanda suka sa hannu a kundin kafa Hukumar Lafiya ta Duniya a birnin New York. Ku duba wannan matsayi da kyau. Da waninmu ne, daga nan sai kwat da jaka, sai taro a otal. Shi kuwa ya koma Ankara, a 1954 ya buɗe sashen lafiyar yara a wani gida mai ɗaki biyu a Hajettepe, unguwar talakawa.

A 1958 ɗaki biyun nan ya zama asibitin yara. A 1961 gobara ta cinye shi, cikin wata shida aka sake tayar da shi. A 1963 aka buɗe tsangayar koyar da likitoci, a 1967 wurin ya zama Jami'ar Hajettepe, shi ne kuma shugabanta na farko. Wato daga ɗaki biyu zuwa jami'a, shekara 13.

Amma ni abin da ya fi kama ni shi ne abin da ya sa a gaba. Kafin ya buɗe makarantar likitoci sai da ya fara buɗe ta ma'aikatan jinya, da ta masu gashin ƙashi, da ta masu aikin ɗakin gwaji, da ta masana abinci. Likitan yara ne, ya san abin da mu muke mantawa da zarar mun rataya abin sauraron ƙirji a wuya. Yaron da aka kawo da tsakar dare, gudawa ta tsotse shi, idanu sun faɗa, maɗiga ta lotsa, jijiya ta ɓace, wa ke ceto shi? Na sha tsayawa ina zufa, na soka nan na soka can, uwar yaro na kallona tana salati, sai wata dattijuwar nas ta ce, "Likita, kawo in gwada." Ta shafa kan yaron da ɗan yatsa, soka ɗaya ruwa ya fara ɗiga. Ranar da na fara ganin haka kunya ta kama ni. Daga baya na gane kunyar ce ma wautar, ya kamata tun a daren in ce mata, "Mama, koya mini."

Saboda haka, ƙannena, idan aka tura ku inda babu komai, ku fara ƙirga mutanen da ke wurin kafin ku ƙirga na'urori. Ma'aikaciyar jinyar nan, ungozoma, mai ba da kati, har mai shara, kowa yana da abin da zai koya daga gare ku da abin da zai koya muku. Wanda ya koya wa uwa ɗaya yadda ake haɗa ruwan gishiri da sukari daidai, ya koya wa kishiyarta da maƙwabtanta. Ba ina cewa ku yi shiru a kan haƙƙinku ba ne. Albashi haƙƙi ne, kayan aiki haƙƙi ne, ku nema da babbar murya. Amma kada jiran su ya zama shi ne sana'arku, har ku bar wurin ba ku bar kowa da komai ba.

Sunansa ya kai nesa. Ya shugabanci ƙungiyar likitocin yara ta duniya, ya jagoranci hukumar zartarwar UNICEF, ya kuma ba da shawara wajen kafa makarantun lafiya a Yawunde da Ile-Ife. A 1984 ya kafa Bilkent, jami'a mai zaman kanta ta farko a Turkiyya.

Sai dai ba zan shafa masa mai in rufe ba. Bayan juyin mulkin soja na 1980, shi aka ɗora a kan sabuwar majalisar da ke kula da jami'o'in ƙasar, ya riƙe ta daga 1981 zuwa 1992. A farkon shekarun nan an kori malaman jami'a da dama a ƙarƙashin dokar soja, jami'o'i suka rasa cin gashin kansu. Masoyansa suna cewa ya yaɗa ilimin jami'a zuwa lardunan da ba su da shi. Masu sukarsa suna cewa ya zama sandar da sojoji suka daki malamai da ita, kuma har ya rasu a Ankara a watan Fabrairun 2010, yana da shekara 94, ba su yafe masa ba. Ni dai a ganina Doramajin ɗaki biyu ya fi Doramajin kujerar majalisa haske. Wasunku za su zama kwamishinoni, wasu shugabannin asibiti. Ranar da aka miƙo muku takardar korar abokin aiki don ya faɗi gaskiya, ku tuna wannan gaɓar ta labarin, ita ma tasa ce.

Shi kuwa ƙanen namu, ya saurare ni har ƙarshe, ya ce zai yi tunani. Bai janye takardar neman canjin ba, ni ma ban ce ya janye ba. Shekaranjiya dai ya kira ni da daddare yana tambayar ko ina da tsohon allon rubutu da ba na amfani da shi, wai duk Laraba bayan la'asar suna zama da ma'aikatan jinya da ungozomomi a barandar ɗakin yara. Na ce ya aiko a ɗauka, amma alli shi zai saya.