An yi sulhu a zaure? A kai shi gaban alƙali

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Allah Ya ce a Suratun Nisa'i, aya ta 128: "Wassulhu khairun", sulhu alheri ne. Mu Kanawa mun san daɗinsa. Dattawan unguwa su zauna, liman ya shafa fatiha, rigimar rumfa a Kantin Kwari da ta ci shekara biyar ta mutu a dare ɗaya. Sai dai in maganar tana kotun ɗaukaka ƙara, fatihar nan ba ta rufe fayil. Hukuncin kotun farko yana nan da ransa.

A ce kotu ta yanke maka biyan naira miliyan 10, ka ɗaukaka ƙara, dattawa suka shiga aka daidaita a miliyan 6. Don murna ka sa lauya ya janye ƙarar. A dokar Kotun Ɗaukaka Ƙara, ƙarar da aka janye tamkar korarriya ce, kuma a takarda miliyan 10 ake binka har yanzu. Ran da zuciyar abokin shari'arka ta juya, ko ya rasu magadansa suka ce ba su san zancen ba, da tsohon hukuncin za su ƙwanƙwasa maka ƙofa.

Don haka a rubuta. Ayar da ta fi kowace tsawo a Alƙur'ani, Baƙara 282, kan rubuta bashi ta sauka. A sa nawa ne, ranar biya, in kashi-kashi ne me zai biyo bayan saɓawa, wa zai ɗauki kuɗin shari'a, a kuma faɗa ƙarara cewa wannan yarjejeniya ta maye gurbin hukuncin baya. Kowa ya sa hannu da lauyansa, a shigar wa magatakarda, a roƙi kotu ta karɓe ta a matsayin hukuncin amincewa. In ɗaya ɓangaren ma ya ɗaukaka tasa ƙarar, a rufe su tare.

Ka karanta da kyau, Malam, kafin ka dangwala. Sashe na 241 na tsarin mulkin 1999 ya hana ɗaukaka ƙara kan hukuncin da babbar kotu ta yi da yardarku sai da izinin kotu.

Kai kuma da ka ci shari'a, ka ji tsoron Allah. Ka karɓi miliyan 6 a gaban liman, sannan ka ɓoye tsohon hukunci a aljihu kana jiran rana? Wallahi yaudara ce. Manzon Allah (SAW) ya ce sulhu ya halatta tsakanin Musulmi, sai wanda ya haramta halal ko ya halatta haram, Tirmizi ya ruwaito. A shari'ar gado abin ya fi zafi: babban wa ba shi da ikon yafe kason ƙanwarsa da ke gidan miji a Fagge ba ta sani ba, balle na maraya. A kirawo ta, a karanta mata, ta sa hannu da kanta.