Yaron Landan ya san ƙasusuwan Gadafawa, namu sun san shamuwa

Makarantar ɗana ta nemi iyayen da za su raka yara gidan tarihin halittu na Landan, ni ma na ba da sunana. A cikin mota wani ɗan ajinsu, bai wuce shekara bakwai ba, ya tambaye ni ƙasarmu. Da na ce Nijar, sai ya zabura ya ce ai can aka tono Nigersaurus, dinaso, wato ɗaya daga cikin dabbobin zamanin da can da suka ƙare a duniya, mai haƙora sama da 500. A littafin da uwarsa ke karanta masa kafin barci ya ji. Kuma gaskiyarsa ne. A Gadafawa aka tono ƙasusuwan, cikin hamadar Tenere, an raɗa wa dabbar suna a 1999, ta kuma rayu fiye da shekara miliyan 100 da suka wuce. Duk karatun da muka yi a Maraɗi babu malamin da ya taɓa ambata mana ita. Abin ya tsaya mini a rai.

Gidan kansa sai wanda ya gani. Tun 1881 aka buɗe shi, kuma ba a biyan kuɗin shiga. Kana sa ƙafa a zauren farko, ƙwarangwal ɗin dabbar tekun nan da ta fi kowace dabba girma yana rataye a saman kanka, tsawonsa mita 25. A jikin ginshiƙai an sassaƙa birai suna hawa, ga tsuntsaye da kifaye a bango, ɓangare ɗaya na dabbobin da ke raye, ɗayan na waɗanda suka ƙare a duniya. Ka ɗaga kai, rufin duk zanen tsirrai ne. Yara cikin 'yan riguna ruwan ɗorawa, kowa da takarda da fensir, suna zana haƙori da farce. A ƙofar fita ga shagon littattafai, har da masu ganye mai kauri na jariran da ba su iya magana ba.

Na yarda sun yi aiki, kuma ba yau suka fara ba. Beatrix Potter, marubuciyar littattafan yara ta Ingila wadda littafinta na zomo ya fito a 1902, ta daɗe tana nazarin laimar kwaɗi tana zana ta dalla-dalla, dabbobin da ke cikin zanenta ma suna da jikin dabba na gaske.

Amma har yanzu ina cewa yaranmu sun fi nasu sanin dabba. Wannan yaron bai taɓa ganin akuya na haihuwa ba. Ɗan kiwo a wajenmu ya san idan shamuwa ta sauka a bishiyar tsakar gari damina ta kusa, ya san ba a jifarta. Ya san abin da carki yake ci a bayan saniya, ya san sawun damo daga na guza, ya san ciyawar da ke kumbura cikin tunkiya. Tatsuniyar da kakanninmu suka yi mana ma daga kallon daji ta fito: kwaɗayin kura da tsoronta, wayon dila, haƙurin damo. Wanda ya fara tsara su ya zauna da dabbobin nan ya karance su.

Rubutun ma ba baƙonmu ba ne. Jahiz, malamin Basra, ya rubuta Kitabul Hayawan, wato littafin dabbobi, tun ƙarni na 9, Damiri na Masar da ya rasu a 1405 ya bar Hayatul Hayawan. Baturen likita Dalziel da ya buga sunayen tsirrai na Hausa a 1916, daga bakin mutanenmu ya kwashe su. Ilimin namu ne. Abin da ke ƙona mini rai shi ne ba mu sauko da shi cikin littafin da yaro zai riƙe a hannu da Hausa ba. Raƙuman dawa na Kure, kusa da Yamai, sun ragu zuwa 49 a 1996, aka tsare su har suka haura 600. Wane labari ya fi wannan dacewa da yaro ɗan firamare?

Da can ba na damuwa da rashin littafin, don daji na nan, tsofaffi na nan. Yanzu dukansu suna tafiya. Ungulun da muka taso muna gani ta cika mayanka, tun 2015 aka sa ta cikin tsuntsayen da ke dab da ƙarewa. Ƙanwata ta ce 'ya'yanta ba su taɓa jin kukan kura ba, bayan sallar isha'i kuma kowa waya yake nema, ba kaka ba. Nawa ɗan a nan sai na yi masa tatsuniyar Gizo rabi da Turanci kafin ya bi zaren. Na roƙi Inna ta riƙa turo masa tatsuniya ta WhatsApp, ta ce to, amma ita ba ta iya yi wa waya gatanan gatananku ba, sai dai in kawo mata shi gida da damina.